Barkar da Ba a Yi Ba: Nazarin Lamarin Wata 'Yar Wasa a Ingila da Ɗanta Mai Lalurar Down

Asalin lamarin

Matar da wannan nazari ya shafa 'yar wasan kwaikwayo ce 'yar Ingila, wadda ta yi suna a fagen barkwanci. An haife ta a Hong Kong a 1970, mahaifinta ma'aikacin kamfanin jiragen sama ne, ta kuma yi karatun Italiyanci a Jami'ar Oxford. Daga 1999 zuwa 2003 ita da wasu mata biyu suka riƙe wani shirin ban dariya a tashar Channel 4, a 2001 kuma ta fito a matsayin ƙawar jaruma a wani fim da ya yi kasuwa a duniya. Ta yi aure a 2003. Kirista ce mai riƙo da addininta, ba ta kuma ɓoye hakan. Ba za a kama sunanta ko na ɗanta a nan ba, tunda abin da ya same su ake bi.

Kafin a shiga labarin, ya kamata a san lalurar. A ƙa'ida mutum yana ɗauke da kuromosom 46, wato ƙunshin ƙwayoyin gado, a cikin ƙwayoyin jikinsa, 23 daga uwa, 23 daga uba. Mai lalurar Down nasa 47 ne, domin na lamba 21 ya zo uku maimakon biyu. Wani likitan Ingila, John Langdon Down, shi ya fara bayyana siffofinta a 1866, sai a 1959 masu bincike a Faris suka gano ƙarin kuromosom ɗin. Ba ɗaukarta ake yi ba, ba wani abu uwa ta ci ko ta taka ba, kuma ba ta da magani. Yiwuwar samunta tana ƙaruwa da shekarun uwa, amma ƙananan mata ma suna haifa. Kusan rabin jariran suna zuwa da matsalar zuciya, tsokar jikinsu takan zama sako-sako, magana da koyo sukan yi jinkiri, sai dai jinkirin wani ya fi na wani nesa ba kusa ba. A Birtaniya ana haifar kimanin 750 a shekara. A kafafen labaranmu na Hausa akan zuba ta cikin kalmar galahanga tare da wasu lalurorin da ba su da alaƙa da ita, shi ya sa na bar ta da sunanta.

Ingilar ma ba da daɗewa ta waye ba. Har zuwa dokar 1970, hukuma tana iya yanke cewa irin wannan yaro ba ya koyuwa, a hana shi makaranta, da yawa kuma a manyan asibitocin ajiya suka ƙare rayuwarsu. A farkon shekarun 1980 matsakaicin tsawon ransu bai wuce shekara 25 ba. Yau ya kai wajen 60, musamman saboda tiyatar zuciya da ake yi musu tun suna jarirai.

2004: kwana na goma

A 2004 ta haifi ɗanta na fari. Awon ciki bai nuna komai ba, ranar haihuwa ma ba a gane ba. Sai da ya kwana goma a duniya aka tabbatar. Da a ƙasar Hausa ne, an yanka ragon suna kwana uku kafin nan, 'yan barka sun watse, mai jego tana cikin wankanta.

Yadda aka gaya mata shi ne tushen duk abin da ya biyo baya, kuma ta sha ba da labarin. Likitan ya buɗe baki da ban haƙuri, ya sake maimaitawa. Nas ɗin da ke bakin aiki ta fashe da kuka. Ta ce ba ta tuna wani ya faɗi kalma ɗaya mai daɗi ba. Jaririn da ake wa wannan jimami yana nan da ransa, amma yanayin ɗakin na gidan makoki ne.

Takardun bayanin da asibitoci ke bai wa iyaye a wancan zamani sun fi ba da ƙarfi ga jerin cututtuka: zuciya, ji, gani, maƙoshi, sankarar jini, ciwon mantuwa tun kafin tsufa. Babu ƙarya a cikin jerin. Abin da babu shi ne bayanin yadda yaro mai shekara biyar ko goma yake rayuwa a gida da makaranta. Ke nan matsala biyu ta bar asibiti da su: buƙatun yaron na zahiri, da kuma hoton baƙin ciki da aka zana mata na shekarun da ke gaba.

2004 zuwa 2015: raino

Matsala ta farko tana da hanyoyin da aka riga aka share a Ingila. Akwai masu gashin ƙashi da ke taimaka wa jariri ya zauna ya tsaya, akwai masu koyar da magana, akwai tsarin alamun hannu na Makaton da aka ƙirƙiro a shekarun 1970, wanda yaro ke nuna abin da yake so kafin harshensa ya buɗe. Akwai kuma aikin Farfesa Sue Buckley, wadda tun 1980 a Portsmouth ta nuna cewa waɗannan yara sun fi kama abu da ido fiye da kunne, don haka ana iya koya musu karatu tun suna ƙanana, karatun kuma ya jawo maganar. Dokar ilimi ta 1981 ta buɗe musu ƙofar makarantun kowa da kowa, ta 2014 kuma ta kawo takardar tsari guda da ta haɗa ilimi da lafiya da kulawa, wadda ke ɗaure ƙaramar hukuma ta biya abin da aka rubuta. Iyaye da yawa sai sun je kotun sauraron ƙorafi kafin su same ta.

Yaron ya samu ƙanne biyu maza. Ya yi makaranta tare da sauran yara. Uwar ba ta bar sana'arta ba, daga 2009 ma ta shiga wani shirin barkwanci na BBC da miliyoyi ke kallo. Da ta waiwayi waɗannan shekaru, abin da ta ce shi ne an shirya ta don labarin kuka, sai ta tsinci kanta cikin labarin dariya.

Matsala ta biyu kuwa ba ta gusa ba. Duk shekara sababbin iyaye suna shiga irin ɗakin da ta shiga, wasu ma tun ciki yana wata uku, lokacin da akwai shawarar da za a yanke.

Janairu 2016: sabon gwaji

A tsarin hukumar lafiya ta ƙasa, NHS, ana yi wa mai ciki tayin gwaji tsakanin mako na 10 da na 14: a ɗauki hoton ciki a auna ruwan bayan wuyan ɗan tayi, a ɗebi jini, a haɗa da shekarunta a fitar da lissafi. Idan lissafin ya kai 1 cikin 150 ko ya fi haka, sai a yi mata tayin gwajin tabbatarwa, wanda ake soka allura a ciki a ɗebo ruwan mahaifa ko ɗan yankin mabiyiya. Wannan allura tana iya jawo ɓari, ko da yake ba kasafai ba. Saboda tsoron haka mata da yawa sukan ƙi.

A 1997 wani masani ɗan Hong Kong, Dennis Lo, yana aiki a Oxford, ya gano cewa ɓurɓushin ƙwayoyin gado na ɗan tayi suna yawo a jinin uwa. Daga nan aka samo gwajin NIPT, wanda ya shiga kasuwa a 2011: jinin hannu kawai ake ɗiba, kuma yana gano kusan 99 cikin 100 na masu lalurar Down. A Janairun 2016 kwamitin tantance gwaje-gwaje na Birtaniya ya ba da shawarar NHS ta fara bayar da shi kyauta ga matan da lissafinsu ya kai 1 cikin 150.

Ga likitoci, ci gaba ne da zai rage ɓari. Ga iyayen masu lalurar, wani adadi ne ya tsaya musu a rai: a Ingila da Wales, kusan 9 cikin 10 na cikin da aka tabbatar da lalurar kafin haihuwa ana zubar da shi. Dokar zubar da ciki ta 1967, bayan gyaran 1990, ta tsaida iyaka a mako 24, amma idan akwai nakasa mai tsanani babu iyaka har zuwa haihuwa. Lissafinsu mai sauƙi ne: gwaji ya sauƙaƙa, ganowa ta ƙaru, haihuwa ta ragu.

5 ga Oktoba 2016: shirin

Abin da ta gwada shi ne makamin da ke hannunta. Ta shirya shirin gaskiya na awa ɗaya, tashar BBC Two ta nuna shi ranar 5 ga Oktoba 2016. Takensa tambaya ce: duniyar da babu masu lalurar Down? Ta nanata cewa ba haramta gwajin take nema ba, so take a zauna a yi magana kafin a shimfiɗa shi.

Ta fara da ɗanta. Ta gabatar da shi da abin da yake so, askirim mai cakulan da ƙungiyar ƙwallon Barcelona, sannan daga baya ta ambaci lalurar. An nuna shi cikin hayaniyar gida da ƙannensa. Wannan jerin da ta bi, mutum tukuna kafin sunan lalura, shi ne ainihin hujjarta, kuma ta kafa shi cikin mintunan farko ba tare da ta tsaya wa'azi ba.

Ta je Aislan, ƙasar da mutanenta ba su kai 350,000 ba a lokacin, inda mafi yawan masu ciki ke yin gwajin, kuma kusan duk wadda aka tabbatar mata takan zubar, har ya zama jariri ɗaya ko biyu ake haifa da lalurar a shekara. A can ta zauna da wata mata mai lalurar wadda ta taɓa rubutu a jarida tana kare darajar rayuwarta.

Wurare biyu ne suka fi tsaya wa masu kallo. Na farko zamanta da Farfesa Lyn Chitty, wadda ta jagoranci binciken da aka dogara da shi wajen kawo gwajin cikin NHS. Farfesar ta dube ta ta tambaye ta yadda take ji game da gaba, tunda akwai alamar ɗan zai rayu bayan ita ba ta nan. Tambaya ce da kowace uwar irin wannan yaro take kwana da ita, an kuma yi mata ita a gaban kyamara. Amsar da ta bayar ita ce idan al'umma ba ta iya kula da masu rauninta, al'ummar ya kamata a gyara.

Na biyu, ta ziyarci wata mata da ta zubar da cikinta bayan ya yi nisa. Matar ta karɓe ta a gidanta, ta bayyana yadda ta yi bincike, ta kalli bidiyoyin manya masu lalurar, ta yanke cewa ba rayuwar da take so wa ɗanta ba ce. Ta faɗi yadda aka yi aikin. 'Yar wasan ta saurara har ƙarshe, ba ta yi mata gardama ba, daga baya hawaye suka kwace mata. Ba a yanke wannan wuri daga shirin ba.

Ƙarshen 2016: abin da bai yiwu ba

Suka ta fara tun kafin a nuna shirin. Jane Fisher, shugabar ƙungiyar Antenatal Results and Choices mai tallafa wa iyayen da gwaji ya nuna musu matsala, ta ce shirin zai ƙara wa matan da ke cikin tsaka mai wuya nauyi. Marubuta a jaridu suka ce mai shirin tana da kuɗi da ilimi da baki, ɗanta kuma yana cikin waɗanda lalurar ta zo wa da sauƙi, don haka gidanta ba ma'auni ba ne ga matar da ba ta da miji ko aiki, ko wadda ɗanta ba zai taɓa magana ba. Wasu suka ce addininta ne ke magana. Wasu kuma suka ce uwa ba za ta iya zama alƙali a shari'ar da ɗanta ke ciki ba.

Cikin makonni kaɗan gwamnati ta amince da gwajin. Ƙiyasinta shi ne za a yi wa mata kusan 10,000 tayinsa a shekara, masu yin allurar ciki su ragu daga 7,900 zuwa 1,400, ɓarin da allurar ke jawowa ya sauko daga 46 zuwa wajen 3. Wales ta fara a Afrilun 2018, Sikotlan a 2020, Ingila a Yunin 2021. Dogon zaman shawara da ta nema kafin a yanke hukunci bai samu ba.

Ta fuskar doka ma haka. Heidi Crowter, wata matashiya mai lalurar daga Coventry, ta kai gwamnati ƙara kan sashen da ya cire iyakar mako 24 saboda nakasa. Babbar kotu ta kori ƙarar a Satumban 2021, kotun ɗaukaka ƙara ta tabbatar da hakan a Nuwamban 2022.

2017 zuwa 2022: abin da ya motsa

A Maris 2017 majalisar Nuffield mai nazarin ɗa'ar aikin likita ta fitar da rahoto kan gwajin, ƙarƙashin Farfesa Tom Shakespeare, wanda shi kansa mai nakasa ne. Rahoton ya goyi bayan a bayar da gwajin, amma ya ɗora sharaɗi: a bai wa mata bayani na gaskiya mai daidaito kan yadda rayuwa da lalurar take, a horar da ma'aikata, kuma wadda ta zaɓi riƙe cikinta ta samu goyon baya daidai da wadda ta zaɓi akasin haka.

Takardun NHS suka sauya harshe. Inda a da ake rubuta "haɗarin" haihuwar mai lalurar, aka koma "yiwuwar" haihuwarsa. Ƙungiyar masu lalurar Down ta ƙasar ta faɗaɗa horon da take bai wa ungozomomi da likitoci kan yadda ake isar da labarin, inda iyaye da su kansu masu lalurar ke tsayawa gaban aji. Darasin farko da ake koyarwa shi ne a fara da taya murna, a kira jariri da sunansa, a bar ban haƙuri. A 2019 hukumar sa ido kan tallace-tallace ta haramta tallan wasu asibitoci masu zaman kansu da ke cewa gwajin daidai yake kashi 99, domin gano 99 cikin 100 na masu lalurar daban, tabbacin cewa duk wadda aka ce mata "akwai" lallai akwai shi ma daban, musamman ga ƙananan mata. A 2020 ƙungiyoyin likitocin mata da ungozomomi da masu ɗaukar hoton asibiti suka fitar da matsaya guda cewa a mutunta zaɓin mace, kada a yi ta maimaita mata tayin da ta riga ta ƙi.

A Afrilun 2022 aka sa hannu kan dokar lalurar Down, wadda ɗan majalisa Liam Fox, tsohon likita, ya gabatar. Ta wajabta wa gwamnati ta fitar da jagora ga hukumomin lafiya da ilimi da gidaje kan buƙatun kimanin mutum 47,000 masu lalurar. Shekara biyu bayan sa hannu, jagorar ba ta kammala ba.

2024: ƙofar gidan wasa

Auren uwar ya mutu bayan fitar shirin, ta ci gaba da aiki da rainon 'ya'ya uku. A 2024, ɗan yana da shekara 19, aka tare shi a ƙofar wani gidan wasan tsalle a Landan, irin mai shimfiɗar roba da ke cilla mutum sama. Aka ce sai ya kawo takardar likita. Dalilin ƙa'idar shi ne wasu masu lalurar suna da sassaucin gaɓar wuya ta sama, wanda faɗuwa za ta iya yi wa illa. Uwar ta ce ya sha zuwa wurin a baya, kuma kallon fuskarsa kawai aka yi aka ware shi a gaban mutane. Ta fito a BBC ta yi magana, kamfanin ya ba da haƙuri, ya ce ƙa'idar hukumar wasannin motsa jiki yake bi.

Yadda nake ganin lamarin

Idan aka auna shirin da ma'aunin siyasa, bai yi nasara ba. Gwajin ya shigo, dokar 1967 tana nan yadda take. Ina ganin dalilin a fili yake: hujjar rage ɓari daga 46 zuwa 3 hujja ce mai ƙarfi, kuma awa ɗaya ta talabijin ta zo ne wata tara bayan kwamiti ya gama aikinsa. Masu sukarta ma suna da gaskiya a wuri ɗaya. Ba ta zauna da iyalin da lalurar ta zo wa da tsanani ta nuna wahalarsu yadda ta nuna daɗin gidanta ba, wannan giɓi kuwa ya ba abokan hamayya abin riƙewa.

Amma matsalar da ta fara a 2004 ba gwaji ba ce. Kalmar da likita ya fara furtawa ce, da hawayen nas. A nan ne aka samu sauyi, kuma a ganina ya samu ne saboda abu uku sun haɗu. Ƙungiyoyin iyaye sun shekara da shekaru suna wannan kira ba mai ji, ita ta zo da fuskar da miliyoyi suka saba dariya da ita, aka tsaya aka saurara. Buƙatar da ta rage bayan ƙura ta lafa, wato a faɗi gaskiya cikakkiya kuma a daina yi wa mai jego ta'aziyya, buƙata ce da mai goyon bayan zubar da ciki da mai adawa da shi duk za su iya sa hannu a kai. Sannan ba ta buƙatar sabuwar doka ko kuɗi masu yawa, horo ne da gyaran takarda. Ba ita kaɗai ta kawo sauyin ba, kuma ba kowane asibiti ya sauya ba, amma na yi imani da ba ta bar kyamara ta shiga falonta ba, da an daɗe ana rubuta "haɗari".

Abin da ya fi taɓa ni shi ne zamanta da matar da ta zubar da cikin. Ta saurari abin da ya saɓa wa duk rayuwarta, ta bar shi ya fita ga jama'a. Ni wannan ne ya sa na yarda da sauran abin da ta faɗa.

Tambayar Farfesa Chitty kuwa ba a amsa ta ba tukuna. A 2024 ɗan ya cika 20, uwar 54. Tallafin ilimi na dokar 2014 yana ƙarewa ne a shekara 25, daga nan sai abin da ƙaramar hukuma ta iya bayarwa na gida da aiki da mai kula, kuma wannan ne ɓangaren da jagorar dokar 2022 ya kamata ta fayyace.